Yadda ake haɗa Raspberry Pi a mayar da ita laburaren da ba ya buƙatar intanet

Raspberry Pi cikakkiyar kwamfuta ce da aka tattara kayan cikinta duka a kan allo ɗaya mai tsawon milimita 85 da faɗin 56, wato kusan girman katin ATM. Wata gidauniya ce a Cambridge ta ƙasar Ingila, wadda Eben Upton yake cikin waɗanda suka kafa ta, ta fara sayar da ita a watan Fabrairun 2012 a kan dala 35. Manufarsu ita ce yara su samu kwamfutar da za su kwance su ɗaura, su gwada abin da suka ga dama a kanta, ba tare da fargabar lalata kwamfutar gida mai tsada ba. Daga baya manya suka rungume ta fiye da yaran.

Abin da ke yawan faruwa shi ne mutum ya saya da ɗoki, ya kunna ta ya ga ta tashi, ya ɗan yi wasa da ita mako guda, sai ta koma cikin durowa. Dalili shi ne ba a ba ta aiki ba. Don haka a nan aiki ɗaya za mu ba ta: ta zama laburaren da ke ɗauke da Wikipedia ta Hausa da wasu littattafai, duk wanda ke kusa ya haɗa wayarsa da ita ya yi karatu, babu data, babu intanet. Makarantar da ke ƙauye, ko Islamiyya, ko ƙaramin asibiti, ko gida mai yara 'yan makaranta, duk za su mori irin wannan. Kuma wanda ya bi aikin daga farko har ƙarshe ya koyi yawancin abin da zai buƙata don duk wani aiki da zai sa ta daga baya.

Wacce za ka saya

Shawarata Raspberry Pi 4 mai RAM gigabayit 2 ko 4. Ta fito a watan Yunin 2019, tana da Wi-Fi da Bluetooth a jikinta, da ƙofofin USB huɗu, da ƙofar kebul ɗin Ethernet. Pi 5 da ta fito a Oktoban 2023 ta fi ta sauri nesa ba kusa ba, amma ta fi tsada, ta fi ɗaukar zafi, kuma ta fi son wuta, ga shi aikin laburare ba ya buƙatar wannan saurin. Idan tsohuwar Pi 3 ce ta zo hannunka, ita ma za ta yi. Pi Zero 2 W tana da RAM megabayit 512 kawai, ta ishi mutum biyu ko uku amma ba aji guda ba. Ka kula da Raspberry Pi Pico: sunan ne ya zo ɗaya, amma ita ba a ɗora mata babbar manhaja, wato manhajar da ke tafiyar da kwamfuta kamar Windows, don sarrafa fitilu da injuna aka yi ta, ba za ta yi wannan aikin ba.

Bayan allon, kana buƙatar caja, katin memori, akwatin da za a saka allon mai fanka ko ƙarfen shan zafi, da abin karanta kati da za ka soka a laptop. Talabijin da kibod ba dole ba ne, domin daga laptop za mu riƙa ba ta umarni. Idan kana son haɗa ta da talabijin, ka sani ƙofar HDMI ta Pi 4 da Pi 5 ƙarama ce, irin wadda ake kira micro HDMI, kebul ɗin dikoda ba zai shiga ba sai da mahaɗi.

Caja da kati, inda yawancin matsala take

A nan nake so mu daɗe, domin allon kansa da wuya ya ba ka matsala. Kusan duk lokacin da wani ya ce Pi ɗinsa tana kashe kanta, ko tana tsayawa cak, ko ta ƙi tashi bayan kwana biyu, idan aka bincika caja ce ko kati.

Pi 4 tana son bolt 5.1 da amfiya 3 ta ƙofar USB-C. Pi 5 tana son amfiya 5, shi ya sa cajarta ta asali mai wat 27 ce. Idan ka ba ta mai amfiya 3 za ta tashi, amma za ta rage wutar da take bai wa abin da aka soka a ƙofofin USB zuwa miliamfiya 600. Pi 3 kuwa micro USB take amfani da shi, amfiya 2.5. Mutane suna ganin kan cajar waya an rubuta wat 33 ko 65 sai su ce ai wannan ta wuce abin da ake nema. Ba haka lissafin yake ba. Cajar waya mai saurin caji tana kai wannan adadin ne ta hanyar ɗaga bolt zuwa 9 ko sama da haka, ita kuwa Pi a bolt 5 kaɗai take aiki. Ka juya cajar ka karanta ƙananan rubutun da ke jikinta, ka nemi layin da ya fara da 5V, ka ga amfiya nawa ne a gabansa. Idan 2A ka gani, ba ta isa ba.

Kebul ma yana da nasa laifin. Siririn kebul mai tsawo yana cinye wuta a hanya, caja ta fitar da bolt 5 amma abin da ya isa allon bai kai ba. Da zarar ya sauka ƙasa da kusan bolt 4.63, Pi za ta rage saurinta don ta tsira, kuma idan tana cikin rubutu a kati a wannan lokacin, abin da take rubutawa yana iya lalacewa. Idan so samu ne, ka sayi cajar kamfanin ta asali wadda kebul ɗinta a manne yake. Idan ba ta samu ba, ka nemi gajeren kebul mai kauri.

Sai kati. Kasuwanninmu cike suke da katin jabu, wanda aka rubuta 128GB a jikinsa, kwamfuta ma ta nuna 128GB, alhali abin da ke ciki bai fi gigabayit 8 ko 16 ba. Irin wannan katin yana karɓar duk abin da ka zuba masa ba tare da ya yi ƙorafi ba, amma da ya cika sai ya riƙa rubutu a kan na baya ko ya zubar da sabon. Ba za ka gane ba sai ranar da ka zo buɗe fayil. Saboda haka kafin ka yi komai da sabon kati, ka gwada shi. A Windows akwai ƙaramar manhaja kyauta mai suna H2testw, a Linux da Mac akwai f3. Duka biyun suna cika katin da bayanai ne sannan su sake karantawa su ga ko abin da suka zuba yana nan. Yana ɗaukar lokaci, babban kati zai iya cin awa biyu ko fiye, amma kada ka tsallake. Idan gwajin ya nuna kuskure ko da ɗaya ne, ka mayar wa mai shago.

Ka nemi kati mai alamar A1 ko A2 a jikinsa, domin su aka yi don yawan ƙananan karatu da rubutu irin na babbar manhaja. Gigabayit 32 ya isa idan Wikipedia ta Hausa da 'yan wasu tarin littattafai kake so. Idan kana son Wikipedia ta Turanci gaba ɗaya da hotunanta, ita kaɗai ta haura gigabayit 100, sai ka nemi kati mai 256.

Zuba babbar manhaja a kati

A laptop ɗinka ka shiga raspberrypi.com ka sauke Raspberry Pi Imager, akwai na Windows da Mac da Linux. Ka soka katin, ka buɗe manhajar. Abu uku za ta tambaye ka: irin allon da kake da shi, babbar manhajar da kake so, da katin da za a rubuta a kai.

A wajen babbar manhaja ka zaɓi Raspberry Pi OS Lite mai 64-bit, za ka same ta a cikin jerin sauran nau'o'in Raspberry Pi OS. Lite ba ta da fuskar tagogi da linzami, baƙin allo ne da rubutu kawai. Wannan shi muke so, domin ta fi sauƙin saukewa, ba ta cin RAM, kuma babu wanda zai zauna a gabanta. Raspberry Pi OS an gina ta ne a kan Debian, wani nau'i na babbar manhajar Linux, don haka duk abin da ka koya a nan zai yi maka amfani a kan sauran kwamfutocin Linux.

A wajen zaɓen kati ka natsu. Imager zai goge duk abin da ke kan abin da ka nuna masa. Ka cire duk wani filas ko hadis (hard disk) da ke jikin laptop ɗin tukuna, ya zama katin kaɗai ya rage.

Kafin ya fara rubutu zai ba ka damar saita wasu abubuwa, kuma a nan ne ake samun damar yin aikin babu talabijin babu kibod. Ka cike su haka:

- Sunan kwamfuta: ka sa `laburare`.
- Sunan mai amfani da kalmar sirri: ni zan yi amfani da `malam` a misalan da ke ƙasa. Tun watan Afrilun 2022 aka cire tsohon sunan `pi` da kalmar sirrinsa da kowa ya sani, don haka idan ka ga tsohon bayani yana cewa ka shiga da su, ba zai yi ba.
- Wi-Fi: sunan MiFi ɗinka ko hotspot na wayarka da kalmar sirrinsa, harafi da harafi, babba da ƙarami.
- Ƙasa: NG ga Najeriya, NE ga Nijar, GH ga Gana. Idan ba a saita ƙasa ba, Wi-Fi ɗin a kulle yake zama.
- Lokaci: Africa/Lagos, ko Africa/Niamey, ko Africa/Accra.
- SSH, wato hanyar ba Pi umarni daga laptop: ka kunna shi, ka zaɓi shiga da kalmar sirri.

Sai ka bar shi ya rubuta, ya kuma tantance abin da ya rubuta. Idan Windows ta fito da saƙo tana cewa katin yana buƙatar a yi masa fomat, ka ƙi. Ba ta iya karanta ɓangaren Linux ba ne kawai, katin lafiyarsa ƙalau.

Kunnawar farko

Ka riƙe allon ta gefe-gefe, kada ka riƙa dafa ƙananan kayan da ke kansa. Ka manna ƙarfen shan zafi a kan babban guntun da ke tsakiya, ka saka allon a akwatinsa, ka soka katin a raminsa da ke ƙasan allon, rubutun katin yana kallon waje. Wuta ita ce ta ƙarshe. Pi 4 ba ta da maɓallin kunnawa, da ka soka caja ta tashi. Pi 5 ce aka sa wa maɓalli.

A Pi 4 za ka ga fitila ja ta kama ta tsaya, alamar wuta ta isa, koriya kuma tana ƙiftawa ba tsari, alamar tana karanta kati. Tashin farko yana daɗewa, domin tana faɗaɗa kanta ta cika katin sannan ta sake tashi. Ka ba ta minti biyar.

Ka tabbata laptop ɗinka yana kan Wi-Fi ɗaya da wanda ka saita mata. Ka buɗe PowerShell a Windows, ko Terminal a Mac da Linux, ka rubuta:

```
ssh malam@laburare.local
```

Za ta tambaye ka ko ka yarda da wannan kwamfutar, ka rubuta `yes`. Sai kalmar sirri. Lokacin da kake rubuta ta ba za ka ga komai a allo ba, ko tauraro ɗaya, haka Linux take yi. Ka rubuta ka danna Enter. Idan sunan `laburare.local` ya ƙi, ka duba jerin na'urorin da ke haɗe da MiFi ko hotspot ɗin, ka ɗauki lambar adireshinta, irin 192.168 da sauransu, ka sa a madadin sunan. Idan ba ta cikin jerin sam, kusan kullum kuskure ne a sunan Wi-Fi ko kalmar sirrinsa. Hanya mafi sauri ita ce ka sake rubuta katin.

Da ka shiga, ka sabunta manhajojin:

```
sudo apt update
sudo apt full-upgrade
```

Kalmar `sudo` tana nufin ka yi umarnin da ikon mai gida, don haka duk umarnin da ya fara da ita ka karanta shi sau biyu kafin ka danna. Sabuntawar tana iya cin megabayit ɗari-ɗari, ka tanadi data. Idan ta yi ƙorafi a kan kwanan wata, ka rubuta `date` ka gani. Pi 4 ba ta da agogon da ke ci gaba da tafiya idan an kashe ta, daga intanet take ɗaukar lokaci, don haka ka ɗan jira ta daidaita sannan ka sake.

Yanzu ka tambaye ta lafiyarta:

```
vcgencmd get_throttled
vcgencmd measure_temp
```

Amsar farko da ake so ita ce `throttled=0x0`. Idan ka ga `0x50000`, wuta ta taɓa yin ƙasa tun da aka kunna ta. Idan `0x50005` ne, a yanzu haka ma wutar ba ta isa. Kada ka ci gaba a haka, ka canza caja ko kebul tukuna. Umarni na biyu zafinta yake nunawa. Tana fara rage sauri a digiri 80, ta ƙara ragewa a 85. An yi gwaje-gwajen da za ka gani a intanet galibi a ɗakuna masu sanyi, amma a Sakkwato ko Maiduguri ko Yamai, inda zafin watan Afrilu ke haura digiri 40 a inuwa, Pi da ke rufe cikin akwatin roba babu fanka ba ta da nisa da wannan iyakar. Ka sa mata fanka, ka ajiye ta inda iska ke wucewa, nesa da kwanon rufi. Lokacin hunturu kuma ƙura tana toshe fankar, ka riƙa kashe ta kana share ta da busasshen burushi mai laushi.

Ɗora laburaren

Manhajar da za ta yi aikin sunanta Kiwix. Emmanuel Engelhart da Renaud Gaudin ne suka fara ta a 2007, yanzu wata ƙungiya mai zaman kanta a Suwizalan ke kula da ita, kuma kyauta ce. Abin da suke yi shi ne su ɗauki shafin intanet gaba ɗaya, su matse shi cikin fayil guda mai ƙarewa da `.zim`, wanda za a iya karantawa da bincike a cikinsa babu intanet.

```
sudo apt install kiwix-tools
mkdir ~/zim
cd ~/zim
```

A laptop ka shiga library.kiwix.org ka zaɓi harshe ka ga abin da ke akwai. Sunan kowane fayil yana gaya maka abin da ke cikinsa. Wanda ya fara da `wikipedia_ha_all` Wikipedia ta Hausa ce, `en` Turanci, `fr` Faransanci, `ar` Larabci. Kalmar `maxi` tana nufin da hotuna, `nopic` babu hotuna, `mini` kuwa gabatarwar kowace maƙala ce kawai. A ƙarshen sunan akwai shekara da watan da aka ɗauko shi. Ban da Wikipedia akwai ƙamus na Wiktionary, da tarin maƙalolin likitanci, da gwaje-gwajen kimiyya na PhET daga Jami'ar Colorado waɗanda yaro zai taɓa ya ga yadda lantarki ko nauyi ke aiki, da tsofaffin littattafan Project Gutenberg.

Ra'ayina shi ne kada ka fara da mafi girma. Ka fara da ta Hausa, wadda ƙarama ce ƙwarai idan aka gwada ta da ta Turanci, ka ga komai yana aiki, sannan ka ƙara. Ka kuma tambayi waɗanda za su karanta abin da suke nema. Ɗaliban sakandare a Maraɗi ko Damagaram Faransanci zai fi yi musu amfani, ma'aikatan asibiti kuwa tarin likitanci. Laburaren da aka cika da abin da babu mai buɗewa asarar data ce kawai.

Ka kwafi adireshin saukar da fayil ɗin, ka koma tagar SSH ka rubuta `wget -c` ka liƙa adireshin a gabansa. Wannan `-c` ɗin yana da muhimmanci a wajenmu: idan sabis ya yanke a tsakiya, ka sake ba da umarnin, zai ci gaba daga inda ya tsaya maimakon ya koma farko.

Manyan fayiloli gara ka sauke su inda intanet ke da araha, ko da datar dare, ka kawo su a filas. Filas ɗin ya kasance an yi masa fomat na exFAT, domin FAT32 ba ya karɓar fayil ɗin da ya wuce gigabayit 4. Ka soka shi a jikin Pi, sannan:

```
lsblk
sudo mount /dev/sda1 /mnt
cp /mnt/*.zim ~/zim/
sudo umount /mnt
```

Umarnin farko yana nuna maka sunan filas ɗin. Yawanci `sda1` ne, idan ka ga wani daban ka sa shi. Sai gwaji:

```
kiwix-serve --port=8080 ~/zim/*.zim
```

Ka buɗe burauza a laptop ka rubuta `laburare.local:8080`. Idan ka ga littattafan da ka zuba a jere, aiki ya yi. Ka danna Ctrl da C a tagar SSH don tsayar da shi.

Ta riƙa tashi da kanta

Ba zai yiwu kullum sai ka zo da laptop ka tayar da laburaren ba. Dole duk lokacin da wuta ta zo ya tashi da kansa. Ka buɗe sabon fayil:

```
sudo nano /etc/systemd/system/kiwix.service
```

Ka rubuta wannan a ciki, ka sa naka sunan a duk inda `malam` yake:

```
[Unit]
Description=Laburaren Kiwix
After=network.target

[Service]
User=malam
ExecStart=/bin/sh -c '/usr/bin/kiwix-serve --port=8080 /home/malam/zim/*.zim'
Restart=always

[Install]
WantedBy=multi-user.target
```

Ctrl da O sannan Enter yana adanawa, Ctrl da X yana fita. Sai:

```
sudo systemctl enable --now kiwix
systemctl status kiwix
```

Idan ka ga kalmar `active` da koren rubutu, ya kama. Idan ja ne, ka sake duba rubutun, galibi harafi ɗaya ne ya kuskure a hanyar fayil. Ka ba da `sudo reboot`, ka jira minti biyu, ka sake buɗe burauza don ka tabbatar da idonka.

Ta zama ita ce mai raba Wi-Fi

Har yanzu Pi tana rataye ne a kan MiFi ɗinka. A inda za a kai ta babu MiFi, don haka ita za ta riƙa fitar da nata Wi-Fi. Wannan matakin ka bar shi sai ka gama sauke duk abin da kake so, domin da ka ba da umarnin za ta saki intanet, tagar SSH ɗinka ma za ta yanke. Tun fitowar sigar Raspberry Pi OS mai suna Bookworm a Oktoban 2023, manhajar NetworkManager ce ke kula da haɗin sadarwa a Raspberry Pi OS, kuma layi ɗaya ya isa:

```
sudo nmcli device wifi hotspot ifname wlan0 ssid Laburare password karatu2468
```

Ka sa taka kalmar sirrin, kada ta gaza harafi takwas. Yanzu a laptop ka nemi Wi-Fi mai suna Laburare ka shiga. Adireshin Pi a wannan sabon tsarin shi ne 10.42.0.1, don haka ka koma ciki da `ssh malam@10.42.0.1`, ka sa hotspot ɗin ya riƙa tashi da kansa kuma ya sha gaban tsohon Wi-Fi:

```
sudo nmcli connection modify Hotspot connection.autoconnect yes connection.autoconnect-priority 100
```

Masu karatu za su haɗa wayarsu da Laburare, su buɗe burauza, su rubuta `10.42.0.1:8080`. Ka rubuta sunan Wi-Fi da kalmar sirri da wannan adireshin da manyan haruffa a takarda ka manna a bango. Ka ƙara layi ɗaya a ƙasa: a kashe datar waya. Wayoyin Android idan suka lura Wi-Fi ba shi da intanet sukan koma kan layin waya a ɓoye, sai shafin ya ƙi buɗewa mutum ya ɗauka laburaren ne ya lalace. Idan wayar ta tambaya ko a ci gaba da zama a kan wannan Wi-Fi duk da babu intanet, a amsa da e.

Wi-Fi ɗin da ke jikin Pi ba shi da ƙarfi sosai. Ya ishi ɗaki ɗaya da mutane kaɗan, amma bangon siminti yana rage shi, kuma idan wayoyi suka yi yawa zai fara sakin wasu. Idan aji guda ne za su shiga lokaci ɗaya, ka bar maganar hotspot, ka nemi rauta ko da tsohuwa ce, ka haɗa ta da Pi da kebul ɗin Ethernet. Rautar ba ta buƙatar intanet, aikinta raba Wi-Fi kawai. A saitinta ka keɓe wa Pi adireshi ɗaya da ba zai riƙa canzawa ba, shi za ka rubuta a bango.

Ɗauke wuta

Kwamfutar da aka yanke wa wuta tana cikin rubutu tana iya wayar gari ta ƙi tashi, kuma katin memori ya fi hadis saurin lalacewa ta wannan hanyar. Idan kai ne za ka kashe ta, ka rubuta `sudo poweroff`, ka jira koriyar fitila ta daina ƙiftawa, sannan ka zare caja. Amma mai ɗauke wuta ba ya sallama, kuma a makaranta dole wata rana wani ya zare soket don ya sa cajin wayarsa. Don haka kariya biyu za ka yi.

Ta farko a cikin manhaja take. Ka rubuta `sudo raspi-config`, ka shiga Performance Options, ka zaɓi Overlay File System ka kunna, ka kuma yarda a kulle ɓangaren tashi idan ta tambaya. Daga nan Pi ba za ta sake rubuta komai a kati ba, duk canjin da aka yi a RAM yake tsayawa, da an kashe ya tafi. Tunda laburare karatu kawai ake yi a cikinsa, babu abin da aka rasa, kuma ko sau goma aka ɗauke wuta a rana katin yana nan yadda ka bar shi. A ganina wannan saitin shi ne ya fi kowane muhimmanci ga Pi da za a bari a hannun wasu. Abin lura ɗaya ne: ranar da za ka ƙara littafi ko ka sabunta manhaja, sai ka kashe wannan saitin ka sake tayar da Pi tukuna, in ba haka ba duk abin da ka zuba zai ɓace a tashi na gaba.

Ta biyu batir ne. Pi 4 da ba a haɗa mata talabijin ba tana cin kusan wat 3 idan tana zaune, ta kai 6 ko sama da haka idan aiki ya yi nauyi. Fawa bank mai mAh 10,000 yana ɗauke da kusan awa-wat 37, bayan asarar juya wuta abin da zai fito kusan 30 ne, wato zai riƙe ta awa bakwai zuwa tara. Matsalar ita ce da yawansu suna ɗan yanke wuta na ƙiftawar ido a lokacin da aka soka ko aka zare cajarsu, wannan kuwa ya isa ya sa Pi ta sake tashi. Ka gwada naka: Pi tana kunne a jikinsa, ka zare cajarsa daga bango ka mayar, ka ga ko ta ci gaba da aiki. Ƙananan UPS ɗin da ake sayarwa don rauta sun fi dacewa, muddin ƙofar 5V ɗinsu tana ba da amfiya 3. Mai sola da batir na bolt 12 kuwa ba ya buƙatar inbata sam, ƙaramin allon rage bolt zai saya ya saita shi a 5.1, ya auna da mita kafin ya haɗa. Kada bolt 9 ko 12 ya taɓa Pi kai tsaye, nan take za ta ƙone. Duk hanyar da ka bi, ka sake ba da `vcgencmd get_throttled` bayan ta yi awa ɗaya tana aiki, ka ga `0x0`.

Kafin ka kai ta inda za ta zauna, ka kashe ta, ka zare katin, ka kwafe shi gaba ɗaya zuwa laptop da manhaja irin Win32 Disk Imager, sannan ka rubuta kwafin a kati na biyu mai girma ɗaya ko fiye, ka gwada ka ga ya tashi. Ka sa shi a ambulan ka bai wa wanda zai kula da laburaren, ka nuna masa yadda ake zare wuta a canza kati. Bayan wata shida ko shekara ka duba ko sabon fayil ɗin Wikipedia ta Hausa ya fito, domin masu rubuta ta suna ƙara maƙaloli kullum. Ka kashe Overlay, ka goge tsohon daga `~/zim`, ka zuba sabon, ka mayar da Overlay, ka sabunta katin ambulan ɗin shi ma.